Jaririn Rex (wani nau'in dinosaur) a wasan bidiyo na ARK yana mutuwa da yunwa

Tambaya: 'Yan'uwa, me ke kashe jaririn Rex bayan ƙyanƙyashewa, alhali komin abinci cike yake da nama?

Amsa: Malam, jariri ba ya cin na komi sai girmansa ya kai kashi 10 cikin 100. Yana fitowa ka karɓe shi, ka zuba ɗanyen nama cikin jakarsa, wato ma'ajiyar kayansa a wasan. Da farko kaɗan take ɗauka, dole ka tsaya kansa kana ƙarawa.

Amsa: Ƙari a kan haka, ɗanyen nama minti 10 yake yi a hannunka ya ruɓe, a jakar dabba ko komi minti 40. Gasasshe ya fi daɗewa, amma rabin ƙoshi yake bayarwa. In barci ya matsa maka, sa jaririn cikin Cryopod, na'urar da ke daskarar da dabba ta ajiye ta.

Amsa: Ban da jaririn Wyvern fa, wato dodo mai fukafukai, shi madarar Wyvern kaɗai yake sha.