Ko ya dace in gina labarin mutanen dauri a kan tatsuniyar Hindu?

Bashar, Mabera:

Assalamu alaikum, iyayena da yayyena masana. Ina rubuta wani ƙagaggen labari a kan mutanen da suka rayu a bakin gulbin Rima tun kafin a san ƙarfe, kafin a kafa birane irin su Surame da Alƙalawa, zamanin da su da farauta da tsintar 'ya'yan itatuwa ne kawai hanyar samun abinci. Abin da ya tunzura ni shi ne wani labari da ke cikin Mahabarata, babbar waƙar tarihi ta mabiya addinin Hindu. Labarin wani yaro ne mai suna Ekalabiya, ɗan mutanen daji, wanda ya je wurin Durona, malamin 'ya'yan sarki, don ya koyi harbin baka, malamin ya ƙi karɓarsa saboda asalinsa. Yaron ya koma daji ya koya wa kansa har ya fi 'ya'yan sarkin ƙwarewa, da malamin ya gano haka sai ya nemi ladan koyarwar da bai yi ba, ya ce yaron ya yanke babban yatsansa na dama ya ba shi, shi kuwa ya yanke ya miƙa.

Wannan zalunci ya tsaya mini a rai, kuma ina so in dasa shi a ƙasarmu. Damuwata biyu ce. Ta farko, littafin da labarin ya fito cike yake da allolin da Hindu ke bauta wa, ni kuwa Musulmi ne da ke rubutu domin Musulmi, ba na so in taɓa imanina ko in jefa mai karatu cikin ruɗani. Ta biyu, duk abin da na rubuta game da mutanen dauri sai ya fito kamar ƙauyen yau da aka cire wa babur da rediyo kawai. Ina neman shawararku.

Malam Usmanu, Runjin Sambo:

Wa alaikumus salam. Ɗana, tafiyar labaran Indiya zuwa ƙasar Hausa ba da kai ta fara ba, kuma malaman Musulunci ne suka share mata hanya. Akwai wani tsohon littafi na harshen Sanskirit mai suna Panchatantra, wanda ke koyar da dabarun mulki da zaman duniya ta bakin dabbobi. An fassara shi zuwa tsohon harshen Farisa a ƙarni na 6, daga nan Ibn al-Muƙaffa ya mayar da shi Larabci wajen shekarar 750 Miladiyya da sunan Kalila wa Dimna, kuma har yau ɗaliban Larabci suna karanta shi domin gyaran harshe, ba tare da fargabar zai taɓa imaninsu ba. Dalili shi ne abin da ya ƙetaro daga Indiya hikima ce da halayen 'yan Adam, ibadar kuwa an bar ta a can.

Misali mafi kusa da mu shi ne akun nan na Magana Jari Ce, wanda Alhaji Abubakar Imam ya rubuta a Zariya a shekarun 1930. A Indiya akwai wani tsohon littafi na labarai saba'in da aku yake ba matar wani ɗan kasuwa dare bayan dare, domin ya hana ta fita neman wani namiji yayin da mijinta yake fatauci. Imam ya riƙe dabarar akun da ke tsare mutum da daɗin magana, amma ya sauya dalilin, ya zama ɗan sarki ake hana wa fita fagen yaƙi, ya kuma cika wurin da fada da waziri da dogarai irin namu, har yaran da suka karanta shi a makaranta ba su taɓa jin ƙamshin baƙunta a jikinsa ba. Wannan shi ne aikin da ke gabanka.

Game da alloli, labarin da ka zaɓa ya sauƙaƙa maka, domin malami da almajiri da 'ya'yan sarki ne kawai a cikinsa, dukkansu mutane. Sai dai ina gargaɗinka da abu guda, kada ka ɗauko waɗanda suke girmamawa ka mayar da su aljanu ko dodanni domin ka nuna kai mai kishin addini ne. Aya ta 108 a Suratul An'am ta hana mu zagin abin da wasu suke kira koma bayan Allah, kuma mabiya wannan addini sun haura biliyan ɗaya, waɗannan labarai suna da tsarki a wurinsu. Idan kuma za ka nuna mutanen dauri suna yanka wa ruwa ko dutse, ka nuna shi a matsayin abin da suka yi imani da shi a zamaninsu, kamar yadda tarihin Kano ya kawo Barbushe da Tsumburbura, sannan ka kai wa wani malami da ka amince da shi ya duba kafin ka fitar.

Malama Hadiza, Arkilla:

Allah ya saka wa Baba Malam da alheri. Ƙanena Bashar, na yi karatu a Indiya, kuma ina so in ƙara maka wasu abubuwa da za su yi maka amfani a labarin. Yaron ɗan sarkin wata al'umma ne da ake kira Nishada, mutanen daji da bakin ruwa. Da aka kore shi, sai ya gina siffar malamin da yumɓu ya riƙa atisaye a gabanta. Asirinsa ya tonu ne ranar da karen 'ya'yan sarki ya yi masa haushi, ya cika masa baki da kibiya bakwai, karen ya koma wurin iyayengijinsa a haka. Arjuna, ɗaya daga cikin 'ya'yan sarkin, wanda Durona ya yi wa alkawarin cewa babu almajirin da zai fi shi, shi ne ya kai ƙorafi, saboda haka yatsan nan an yanke shi ne domin a cika alkawarin da aka yi wa ɗan gata. Littafin ya ce yaron ya ba da shi fuska a sake, daga baya ya ci gaba da harbi da sauran yatsun, amma zafin hannunsa bai komo ba.

Abin da nake so ka sani shi ne mutanen Indiya kansu ba su haɗu a kan ma'anar labarin ba. Wasu suna koya wa yara shi a matsayin misalin biyayya ga malami, wasu kuwa, musamman marubuta daga ƙabilun asali da ake kira Adibasi, irin su Bil da Gond da Santal, da waɗanda tsarin raba mutane aji-aji bisa asalin haihuwa ya danne, suna karanta shi a matsayin tarihin yadda aka rufe musu ƙofar ilimi. Ƙidayar 2011 ta nuna waɗannan ƙabilu sun haura miliyan 104, ke nan ba ƙaramar murya ba ce. Dole ka zaɓi bakin wanda za ka ba da labarin, domin idan ka bar shi a bakin fada, yaron zai fito a matsayin bawan kirki da ya san matsayinsa, abin da ya tsaya maka a rai kuwa zai ɓace.

Akwai kuma inda za ka yi hattara. Duniyar Mahabarata ba ta mutanen dauri ba ce, duniya ce ta sarakuna da karusan dawaki da fadoji, mutanen daji suna gefenta ne kawai. Idan rayuwar dauri ta Indiya kake so ka leƙa, sai ka nemi hotunan Bimbetka, wasu duwatsu masu kogo da ke kusa da birnin Bofal, waɗanda wani masani mai suna Wakankar ya bayyana wa duniya a 1957, hukumar UNESCO ta Majalisar Ɗinkin Duniya kuma ta sanya su cikin kayan tarihin duniya a 2003. Na tsaya a ƙarƙashin ɗaya daga cikin duwatsun, na ga zane da jan launi na wata ƙatuwar dabba mai kama da gadu tana bin wani ɗan mitsitsin mutum da bai kai tsawon kanta ba. A wasu wuraren an zana mutane sun yi layi suna rawa hannu cikin hannu, da masu ɗiban zuma, da maharba. Wanda ya yi wannan zane yana ganin dabba ta fi shi girma da ƙarfi, kuma a ganina wannan tunani ne ya kamata ya mamaye zukatan mutanen labarinka, domin shi ne zai raba su da ƙauyen yau da kake kuka da shi.

Garba Basarke, Wamakko:

Ina gaida Malam da Malama. Ni ra'ayina ya ɗan bambanta, domin ina ganin ɗan'uwa ya ɗauki abin da yake buƙata daga Indiya ya gama, sauran aikin duk a gida yake. A 1987 wani makiyayi yana haƙa rijiya a Dufuna cikin Jihar Yobe ya ci karo da kwalekwale da tsawonsa ya haura mita 8, bincike ya nuna ya kai shekara 8,000, an sassaƙa shi tun babu gatarin ƙarfe. Ga zane-zanen duwatsu a Birnin Kudu. Mutanen da ka ce kana nema sun bar sawu a arewacin ƙasar nan.

Ka fara da cire abin da ba su da shi. Masara da rogo da gyaɗa da barkono da taba duk daga nahiyar Amurka suka zo bayan 1492, gero ma shaidar nomansa mafi daɗewa da aka samu a Mali ta 'yan dubban shekaru ce kawai. Idan labarinka ya girmi haka, babu tuwo babu fura, sai bado da goriba da kanya da magarya da zuma da kifi da naman daji. Wuta da murza itace ake samar da ita, kuma barin ta ta mutu da damina babbar masifa ce. Kada ka sa musu sunaye irin namu na bayan Musulunci. Ka zo fadama da rani ka ga yadda ake tonon gaiwa: ƙasa ta bushe ta tsage, mai nema yana tafe yana duban ɗan ramin da take shaƙar iska, ya haƙa a hankali ya ɗago ta a naɗe cikin kwanson laka, da ranta, bayan watanni ba ruwa. Wanda ya ga wannan da idonsa zai iya rubuta yunwar mutanen dauri da dabararsu.

Batun malamin da ya hana ilimi kuwa, mu ma muna da shi. A gidajen sarkanci da ƙira da farauta akwai asirin da ba a ba ɗan haye, sai ɗan gado. Na tashi na tarar ana faɗin cewa wanda ba jinin gidan ba ne, ko ya fi kowa iya jefa zago, akwai abin da ba za a taɓa faɗa masa ba game da kada da dorina da ayu. Ka mayar da yaronka baƙo daga mutanen tudu da ya zo wurin mutanen ruwa, shi ke nan labarin ya zauna daram a Rima.

Bashar, Mabera:

Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara sani. Zan mayar da shi ɗan tudu mai son koyon jifa da zago, kuma ƙanwarsa ce za ta ba da labarin. Siffar yumɓun ce ta rage mini, domin mai karatu a nan zai ɗauke ta gunki, amma idan na cire ta ban san hujjar da malamin zai kafa ya nemi lada ba.

Malam Usmanu, Runjin Sambo:

Ɗana, aikin siffar a asalin labarin shi ne ta tabbatar da cewa yaron da kansa ya ɗauki mutumin a matsayin malami, don haka ba shi da bakin ƙin biya. Kana iya samun wannan ba tare da ita ba. Ka sa yaron ya riƙa ɓuya cikin ciyawar bakin gulbi yana kallon yadda tsohon yake koya wa 'ya'yansa, ya tsinci karyayyen zagon da tsohon ya yar ya gyara shi yana atisaye da shi. Ranar da aka kama shi aka tambaye shi wanda ya koya masa, sai ya nuna tsohon a gaban jama'a cikin girmamawa, yana zaton zai faranta masa rai. Da wannan furuci nasa za a ɗaure shi. Ka kuma ba tsohon dalilin da zai sa mai karatu ya tsaya ya yi tunani, misali tsoron cewa idan mutanen tudu suka iya kisan dorina za su ƙwace gulbin daga hannun zuriyarsa a shekarar fari, domin azzalumin da ba shi da hujja ko kaɗan ba ya riƙe labari mai tsawo. Idan ka kammala babin da aka kama yaron, ka kawo wa Garba ya duba maka sha'anin ruwa kafin ka ci gaba.