Dan Allah ku taimaka min, alawar dabino da kwakwa na yi min tsami

Mai tambaya:
Assalamu alaikum 'yan uwa barkanmu da warhaka, dan Allah ina neman shawarar masu sana'ar kayan maƙulashe. Ina yin alawar dabino da kwakwa irin wadda ake mulmulawa ƙanana ƙanana, ba gashi ba suya, yara suna sonta sosai har maƙota sun fara cewa in dinga yi musu ta kuɗi, toh yanzu kuma za a aurar da ƙanwar maigidana bayan sallah an ce ni zan yi wadda za a saka cikin kayan gara. Ga yadda nake yi: busasshen dabino nake saya mai taurin nan, in cire ƙwallon in jiƙa shi da ruwan zafi ya kwana, da safe in markaɗa a blenda da ɗan ruwan jiƙon, sai in goge ɗanyar kwakwa in zuba da madarar gari in cakuɗa in mulmula. Ranar farko wlh ba a magana dan daɗi, amma kafin kwana uku sai ta fara warin tsami tana yauƙi, wata ma har fumfuna take yi fari fari a jiki, kuma tun wajen mulmulawa take caɓewa tana manne min a hannu. A Kano nake, wuta kun dai san halin da ake ciki, firij ɗin sai ya wuni bai yi sanyi ba. Ya zan yi ta daɗe ko da sati biyu ne? Kayan mutane ne bana so in ji kunya a dangin miji.

Maman 'yan biyu:
Wa alaikumus salam. 'Yar uwa ruwa ne yake kashe miki kaya, kin jiƙa dabino ya sha ya ƙoshi, kin ƙara ruwa a blenda, kin kawo ɗanyar kwakwa wadda ita kanta kusan rabinta ruwa ne, sannan ga madara a kai ga zafin Kano, ai dole ta yi tsami. Ko kunun aya da kika sa masa kwakwa kin ga baya wuni a waje, toh kusan abu ɗaya ne.

Hajiya mai kayan gara:
Zo nan 'yata in gaya miki yadda muke yi, ni sana'ata ce da alkaki da nakiya da dubulan duk ina yi, ita ma wannan ana sa min odarta. Abu na farko ki daina jiƙa dabino kwata kwata. Shi dabino abin da yasa yake shekara a buhu bai lalace ba zaƙinsa ne ya yi yawa ruwansa kaɗan, da kin ba shi ruwa kin karya masa wannan garkuwar, shi ne kike jin yana tashi kamar tsimi. In mai taurin kika samu ki wanke shi sama sama da sauri ki tsane a kwando ki goge da tsumma mai tsabta, ki tsaga kowanne biyu ki cire ƙwallo da ɗan hular nan ta kai, kuma ki buɗe ido ki duba cikinsa da kyau dan wani za ki tarar da baƙin gari da tsutsa a kwance, irin wannan ki yar kar ki ce asara, ɗaya tak sai ya ɓata miki kwano guda. Daga nan sai ki zuba a madambaci ki turara shi kamar minti 10 zuwa 15, ya danganta da taurinsa, ki ɗauko ɗaya ki latsa da yatsa in ya lotsa ya isa. Ki baza a tire ya sha iska tururin ya fita, tun da sauran ɗuminsa ki zuba a turmi busasshe ki kirɓa. Turmi nace ba blenda ba, ita blenda bata juyawa sai da ruwa, in kin takura mata ma ƙonewa za ta yi. Za ki ga ya haɗe ya zama curi guda yana danƙo yana sheƙi, shi ne gam ɗinki, ba kya buƙatar komai ya riƙe miki alawar.
Sai kwakwa, nan ne mutane da yawa suke faɗuwa. Ki kankare baƙin bayan, ki goga a ƙananan ramukan magogi, ki baza ta siriri a faranti ki rufa da yadi mai shara shara saboda ƙuda da ƙura ki kai rana. In sauri kike ki zuba a busasshen kasko ba mai ba komai, wuta can ƙasa, kina juyawa ba ɗaga hannu har ki ji tana wasar wasar tana ƙamshi, kar ki bari ta yi ja sosai sai dai in kalar kwakumeti kike so. Ki damƙa a hannu ki saki, in ta watse ta bushe, in ta dunƙule da saura. Awo kuma ni gwangwani biyu na kirɓaɓɓen dabino nake sa wa gwangwani ɗaya na busasshiyar kwakwa, in rage wata daban ta birgima.

Mai tambaya:
Allah ya saka da alheri Hajiya, Allah ya ƙara girma. Toh madarar fa in cire ta kenan? Dan gaskiya ita take ƙara mata garɗi yara sun fi so da ita.

Hajiya mai kayan gara:
Ta gari ba laifi in kayan a bushe suke, cokali uku ko huɗu a wannan awon, tana ma taimakawa ta tsotse ɗan damshin da ya rage. Amma ta gara da za ta yi tafiya ta kwana biyu a ɗakin amarya ana buɗewa ana rufewa ni bana sa mata, gyaɗa ko riɗi nake sawa a madadinta.

Anti mai kek:
Ni kam a nawa ganin ki huta da wahalar nan ki sayi busasshiyar kwakwa ta leda wajen masu kayan kek, an riga an busar da ita da inji ta fi wadda za ki shanya bushewa nesa ba kusa ba, kuma fara tas take fitowa in kin yi birgima da ita. Ki dai shinshina kafin ki biya, in kika ji tana warin tsohon mai ki ajiye musu kayansu, kwakwa mai ne da ita in ta daɗe a shago maƙaƙi take yi a wuya. Sannan ki nemi dabino mai laushi irin wanda ake kawowa daga Saudiyya ko digila mai ɗan danshi, shi ko turarawa ba sai kin yi ba. Ni har madarar ruwa mai kaurin nan mai zaƙi nake ɗan zubawa da garin koko, tana fitowa kamar cakuleti.

Maman 'yan biyu:
Anti ke kina da sola shi yasa, ita ta ce wutarsu ba ta zama. Madarar ruwa a wannan zafin ba firij ai an koma gidan jiya.

Anti mai kek:
Haka ne kuma, ban lura da zancen wutar ba. Toh ki bar ta ruwan, sai wadda za a cinye a ranar.

'Yar Damagaram:
Sannunku da hira. Mu nan dabinon da ke zo mana ta Agadas, na Bilma da na wajen Ingal, yawanci busasshe ne ƙarau, irin wanda in kin jefa a kwano sai ya yi ƙara. Mu ba mu turara shi ma wani lokaci, dakawa muke ya zama gari mu tankaɗe, mu sake daka tsakin, sai a haɗa da soyayyar gyaɗa da aka daka har ta fara fidda mai, man gyaɗar nan shi ke kama garin. In bai kamu ba a ɗiga zuma kaɗan. Wannan ko ba firigo yana daɗewa sosai tunda ruwa bai taɓa shi ba ko ɗigo, matafiya ma suna guzuri da shi. Ki gwada rabi da wannan hanyar ki zuba kwakwarki busassa a ciki ki gani wanne ya fi miki.

Malama nas:
Dan Allah in ɗan sa baki ta ɓangaren lafiya tunda har sayarwa za ki fara. Wadda ta riga ta yi fumfuna kar a kankare saman a ba yara sauran, a zubar gaba ɗaya, abin da ido ya gani a sama ya riga ya yi saiwa a ciki. Gyaɗa kuma ki zauna ki tsince ta tsaf, duk wadda ta yanƙwane ko ta canza kala ko take ɗaci ki fitar, irin su ne ke ɗauke da gubar da ke taɓa hanta kuma suya bata kashe ta. In kin sa zuma ki faɗa wa masu saye, jaririn da bai cika shekara 1 ba ba a ba shi zuma, haka in da gyaɗa a ciki ki faɗa dan akwai waɗanda jikinsu baya karɓarta. Sai abin da ya fi damuna, naga masu sayarwa suna rubuta wai ba suga masu ciwon suga ku ci ku more, wlh wannan ba daidai ba ne, kusan kashi biyu cikin uku na nauyin busasshen dabino suga ne, ƙwallo ɗaya na alawar nan kuma zai iya cin dabino biyu ko uku. Ki ce ba a ƙara suga ba, wannan gaskiya ne, amma kar ki ce ta masu ciwon suga ce.

Mai tambaya:
Na gode Malama, wlh surukata tana da shi kuma tana cikin masu cewa in ƙaro mata, zan gaya wa ɗanta ya yi mata magana.

Amaryar Zariya:
Ni tambaya ce da ni a kan tambaya, in an sa zabibi fa? Ina da wanda aka kawo min tsarabar Umara ban san me zan yi da shi ba.

Hajiya mai kayan gara:
Yana shiga sosai amarya, ɗan tsami tsaminsa yana karya zaƙin dabinon. Ki yayyanka shi da wuƙa ki zuba daga ƙarshe, in kin kirɓa shi tare yana saki da yawa. Shi ma kar ki jiƙa.
Ke kuma mai gara saura zancen mannewa a hannu da ajiya. Ki shafa man kwakwa ko man gyaɗa kaɗan a tafin hannu, kar ki sa ruwa a kusa ki dinga tsoma hannu yadda ake yi wa tuwo. Ki gutsura daidai girman goro ƙarami, ki matse da ƙarfi a cikin hannu tukuna sannan ki mulmula, in ba ki matse ba tana tsagewa. Ki birgima a kwakwa ko soyayyen riɗi, ki jera a tire ki rufa da yadi ta sha iska wuni guda kafin ki rufe a roba. In kin ga kwaɓin ya yi ruwa ki ƙara kwakwa ko dakakkiyar gyaɗa, in ya yi wara wara ki ƙara dabino. Ɗan garin citta ko kirfa ko kanumfari a bakin cokali yana ɗaga ƙamshin, kar dai ki cika. Robar ki wanke ta bushe a rana, ki shimfiɗa takarda a ƙasa da tsakanin kowane layi, ki ajiye a inda ya fi sanyi a ɗaki nesa da kicin, ki kuma kula da kiyashi, ni faranti nake zuba wa ruwa in ɗora bulo in ɗora robar a kai. Firij ɗin nan naki mai sanyi yau gobe babu ki rabu da shi, in wuta ta ɗauke robar zufa take yi ta ciki, ruwan ya ɗiga kan alawar, gara ma waje sau dubu. In kin bi haka lokacin hunturu tana yi min sati biyu har fiye lafiya lau, da bazara ko damina kuwa bana wuce sati ɗaya zuwa kwana 10 a raina, dan haka ta bikin ki yi ta ana saura kwana biyu ko uku, kar ki yi tun yanzu ki ajiye.

Mai tambaya:
Kai Alhamdulillah, na gode ƙwarai da gaske Allah ya bar zumunci ya biya wa kowa buƙatarsa. Gobe insha Allah zan shiga kasuwa in sayo dabinon in gwada kaɗan, rabi turarawa irin ta Hajiya rabi daka irin na 'yar uwarmu ta Damagaram, in ajiye in ga kwana nawa kowanne zai yi kafin lokacin bikin. Hajiya turmin da nake daka yaji zai yi ko sai na nemi wani?

Hajiya mai kayan gara:
A'a kar ki soma, yaji da daddawa suna shiga jikin ice ko kin wanke sai sun fito a alawar. Ki aro na masu daka fura, ki wanke tun yau ki kife shi a rana ya bushe kafin goben.