Harshen da ake ji a Dark Winds: taƙaitaccen abin da aka faɗa

An yi tambaya kan ko wane harshe ne ake ji ana yi, ban da Turanci, a shirin talabijin na Dark Winds. Tunda magana ta yi tsawo, bari in tattara mana ita wuri ɗaya.

1. Baki ya zo ɗaya cewa harshen Nabaho ne, wata ƙabila ta 'yan asalin Amurka, wanda masu shi ke kira Diné bizaad. Shirin ya fara fitowa a tashar AMC a 2022, labarinsa kuwa na 'yan sandan yankin Nabaho ne, a kudu maso yammacin Amurka, cikin shekarun 1970.

2. Masu kunne sun ce a kasa kunne ga gaisuwar "yá'át'ééh". Harshen yana da karin sauti, murya na hawa tana sauka, ga kuma baƙaƙe masu fita da ƙarfi irin ƙ da ts namu. Kama ce kawai, babu dangantaka. 'Yan uwansa na kusa su ne harsunan Apache.

3. Kada a bi ƙabilar ɗan wasa wajen gane harshen. Jarumin shirin, Zahn McClarnon, jinin Lakota ne, wata ƙabila daban, koyon maganganun ya yi.

4. A nan aka rabu. Wasu sun ce furucin zangon farko ya karkace har 'yan Nabaho suka yi ƙorafi. Wasu suka ce ko ba komai harshen ya shiga talabijin, kuma a zango na biyu an ɗauko masani ɗan ƙabilar yana gyara musu. Ni dai ina tare da masu ƙorafin, su ke da harshensu.

5. Idan wani shirin ne daban ake son sanin harshensa, a tsaya a karanta sunayen da ke fitowa a ƙarshe, galibi akan sa mai koyar da harshen. Manhajar fassara kam, kusan kowa ya ce kada a dogara da ita.