Kafin ka rubuta tarihin rafin Nima

Wani ɗalibi ya ce zai rubuta tarihin rafin da ya ratsa unguwar Nima a birnin Accra na Ghana, wanda yara suka fi sani da "gota". Bayan la'asar aka tattauna a ƙofar masallaci, ga abin da na tsinta.

Wani dattijo ya ce masa: "Yaro, fara bin ruwan da ƙafarka lokacin rani, har inda ya faɗa kogin Odaw, shi kuma ya zarce tafkin Korle zuwa teku. Sa takalmin roba, leda da kwalba sun cika shi."

Kan suna aka fi daɗewa. Wasu suka ce Nima daga ni'ima ne, wasu suka ce daga "Nii man" na harshen Ga, mutanen asalin Accra, wato garin sarki. Shawara: ya rubuta duka biyun, ya je wurin dattawan Ga, don sun riga Malam Futa, wanda ya kafa unguwar, zama a ƙasar. Wannan, a ganina, ita ce mafi nauyi.

Sai aka ce ya duba tsofaffin taswirori a ma'ajiyar tarihi da ke unguwar Adabraka. Ya kwafi kowane suna yadda aka rubuta shi. Ya kuma tambayi mata inda ruwa ya kai daren ambaliyar 3 ga Yuni 2015.