Neman kalma: wane suna za mu sa wa kifin nan da ake kira manta?

Mai_Fassara: Assalamu alaikum 'yan uwa. Ina fassara wani shirin talabijin na yara kan halittun teku, gobe da safe za a ɗauki murya, kuma suna ɗaya ya tsaya mini. Kifi ne shimfiɗaɗɗe mai fukafukai biyu, yana tafiya a ruwa kamar tsuntsu na shawagi, babbansa yakan kai mita 7 daga bakin fiffike zuwa bakin fiffike. Turawa na kiransa manta ray. Na rubuta "kifin manta", na karanta da ƙarfi, sai kunnena ya ji kifin mantuwa. Yaro ma haka zai ji. Sau goma sha ɗaya sunan ya fito a rubutun. A taimaka.

Malama_Kimiyya: Wa alaikumus salam. Manta a harshen Sifaniyanci bargo ne ko mayafi, saboda siffarsa. Ka ce mayafin teku, ka huta.

Ɗan_Masunta: Malama, kafin a ƙirƙiro sabo a duba na gida. Masunta na da kunamar ruwa, kifi mai faɗi kamar faifai da ake samu a kogin Binuwai da Neja, mai ƙaya a wutsiya. Na taɓa ganin wadda aka kamo: baki a ƙasa, idanu a sama, masunci bai yarda ya taɓa ta ba sai da ya sare wutsiyar. Danginsu ɗaya. Me zai hana kunamar teku?

Malama_Kimiyya: Dangi ɗaya ne, gaskiyarka, duk jikinsu guringuntsi ne babu ƙashi, su da kifin shak. Amma manta ba ya harbi. Wutsiyarsa ba ta da dafi, bakinsa kuma a gaba yake, buɗe kamar ƙofar akwati. Ruwa yake kwasa da shi yana tafiya, wasu tsagogi masu kama da rariya su tace ƙananan halittun da ke yawo a ruwan, shi ne abincinsa. Ƙahonin nan biyu da ake gani a kansa ma fukafukai ne ƙanana, yana naɗe su in yana tafiya, ya warware su ya kora ruwa zuwa baki in zai ci. Ka kira shi kunama, ka koya wa yara tsoron abin da ba ya cutar da kowa. Kunamar teku a bar wa masu harbin, suna nan da yawa.

Mai_Fassara: Wannan ya warware mini wata matsalar, don masu harbin ma sun fito a shirin. Na riƙe kunamar teku dominsu.

Baba_Nahawu: Ina ta karanta ku. Raƙumin dawa, jakin dawa, giwan ruwa, yanzu kuma mayafin teku. Har yaushe za mu riƙa jingina kowace sabuwar halitta a jikin wani abu? Mayafin teku ma fassarar tunanin wasu ce, su suka ga bargo, mu muka bi. Hausa na da hanyar haifar suna daga aikatau. Mai yawan mantuwa mantau muke ce masa. To wannan kifi sunansa lulluɓau. Kalma ɗaya, tamu, kuma tana da daɗin faɗa.

Malama_Kimiyya: Allah ya gafarta Malam, ginin kalmar ya yi, ma'anar ce ba ta yi ba. Lulluɓau shi ne mai lulluɓe wani. Tsofaffin matuƙa jirgin ruwa da masu nutso sun daɗe suna tsoron cewa kifin nan yana rufe mutum da fukafukansa ya halaka shi, har ƙahonin suka jawo wa danginsa sunan kifin shaiɗan. Babu gaskiya a ciki. Sunanka zai dawo da wannan camfin ta bayan gida.

Baba_Nahawu: 'Yata, suna ba darasin kimiyya ba ne. Giwan ruwa yana da haure? Ku 'yan boko in kalma ba ta bi ta bakin Bature ba, ba ta cika muku ido.

Ɗan_Jarida: Baba, da girmanka, kimiyya da fassara da kalma da muke ta faɗa a nan duk daga Larabci muka aro su, ba wanda ya ce Hausa ta ragu. Ni a bar manta yadda yake. Yaron da zai je intanet ya nemi lulluɓau ba zai sami komai ba.

Baba_Nahawu: Ba zai samu ba don ba mu rubuta ba. Wa zai fara in ba mu ba? Aron Larabci shekaru ɗaruruwa ya yi yana narkewa a bakin mutane. Naku dare ɗaya kuke kwasowa.

Ɗan_Jarida: Rediyo ma dare ɗaya ya shigo, ga shi ya zauna.

Mai_Fassara: Don Allah a dawo kan kifin, dare na yi. Akwai wani abu kuma: shirin ya ce tun 2009 masana suka raba su biyu, babba mai yawo a tsakiyar teku da ƙarami mai zama kusa da gaɓa. Duk sunan da muka zaɓa sai ya ɗauki wannan rabon.

Malama_Kimiyya: Babban mayafin teku da mayafin gaɓa, ya ɗauka. A 2017 ma an mayar da su cikin rukunin danginsu da ake kira Mobula, wato sunan manta ɗin da ake karewa, masana da kansu sun sauke shi daga sunan kimiyya. Abin da nake so yara su riƙe shi ne, uwar tana ɗaukar ciki kusan shekara guda ta haifi ɗa, galibi guda ɗaya, da rai, a naɗe kamar tabarma, ya warware ya kama iyo. Shi ya sa in aka yawaita kama su saboda rariyar nan tasu ba sa saurin farfaɗowa, har aka sa cinikinsu ƙarƙashin yarjejeniyar CITES, mai sa ido kan cinikin namun daji tsakanin ƙasashe, a 2013. Kowanne kuma da zanen ɗigo-ɗigo a cikinsa wanda ba na kowa ba, da shi masu bincike ke gane su ɗaya bayan ɗaya.

Mai_Fassara: To ga abin da zan yi. A karon farko mai karatu zai ce "mayafin teku, wanda a duniya aka sani da manta", daga nan mayafin teku har ƙarshe. Baba, ka yi haƙuri.

Baba_Nahawu: Shirinka ne, ɗana, Allah ya ba da sa'a. Mayafin teku ya fi kifin manta, wannan na yarda. Ni dai a littafina lulluɓau na rubuta.

Ɗan_Masunta: Shi kuma shak ɗin fa, me ka rubuta masa?