Ramin da ke cikin labarina ya ƙi ba da tsoro

Ɗan Tawa: Salamu alaikum ƴan uwa. Ina rubuta wani labari na aljanu, a ciki akwai ƙaton rami da ya raba ƙasa biyu, ba ya da iyaka, in ka leƙa sai ya kira ka da muryar mamacinka. Na karanta ma ƙannena da dare da aka ɗauke wuta amma wallahi ko gezau, abin ya dame ni ƙwarai. Mi ya rage?

Ƴar Ader: Wa alaikumus salam. Malam ramin naka ba ya da doka ne. Duba rijiyar Kusugu ta Daura, macijin sai ran Juma'a yake bari a ɗebi ruwa, dokar nan ita ce tsoron. Sa mutanen garin su zan biyan wani abu kahin su ƙetare, ko da tunanin uwarsu ne.

Baba Manomi: Yaro ka taɓa tsayawa bakin korama wajen Keita da damina? Sama garau, ba hadari, sai ka ji rugugi daga nesa ruwa ya taho ya kwashe bisashe, haka ramin naka ya kamata ya yi, ya yi tsit shekaru har a saba da shi.

Ɗan Tawa: Na gode Baba. Ƴar Ader, naki na tunanin uwar nan ya taɓa ni, yau zan gyara babi na 3.