Musayar waƙa kan Koci Tony Dungy, mutumin da bai iya tsawa ba

Ɗan Fagge:
Salam 'yan uwa, yau baitocina kan Tony Dungy ne, tsohon ɗan wasa kuma koci a ƙwallon Amurka, wannan dai mai hular kwano da ake runguma a ruga da ita, duk mai amsawa ya amsa da waƙa don Allah.

A Jackson ta Michigan aka haife shi,
1955, ku riƙe shekarar shi,
Jami'ar Minnesota ta san hannun shi,
Kwatabak ne, jifa ne aikin shi.

A 1977 aka zo zaɓen 'yan wasa,
Aka gama kiran suna ba a kira nasa,
Steelers suka ɗauke shi suka canza gurbi nasa,
Daga jifa zuwa tsaron baya, bai yi fushi ba, bai fasa.

Kakar 1978 jifa shida ya cafke,
Na abokan karawa, tun a sama ya ɗauke,
Aka ci Super Bowl, wasan ƙarshe na gasar, zoben zakara ya riƙe.

Hajiyar Zango:
Ƙanena ka yi ƙoƙari, bari in ɗora daga inda ka tsaya.

Wasa bai yi tsawo ba, ya koma koyarwa,
Gaban Chuck Noll kocin Steelers ya durƙusa yana ɗaukowa,
Yana ɗan 28 aka ba shi tsaron baya ya zam mai tsarawa,
Kansas da Minnesota duk ya yi zagayawa,
Sai 1996 Tampa Bay ta yi masa buɗewa.

Na-Gwale:
Hajiya a gafarce ni, ni fa ban yarda da koci mai sanyi ba.

Koci ba tsawa, ina amfani nai?
Ƙarti masu ƙirji wa zai ji kira nai?
Janairun 2002 Tampa ta sallame shi sarai,
Sabon koci Gruden ya zo, kaka ɗaya ya ɗau kofi, kun gani dai.

Hajiyar Zango:
Haba Malam, ka faɗi rabi ka bar rabi.

Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi,
Tun 1982 Tampa take cikin faɗi,
Ba ta leƙa zagayen ƙarshe sai da ya zo da gargaɗi,
1997 suka shiga, gari ya yi daɗi,
'Yan tsaro Sapp da Brooks da Lynch a hannunsa suka yi faɗi,
Katangar da ya gina ita ta ci, a bar gardama da musu da ruɗi.

Ɗan Fagge:
Kafin in ci gaba, akwai abin da ke taɓa ni sosai, bayan ya bar Tampa ya zama kocin Colts, a Disambar 2005 ɗansa James ya rasu yana shekara 18, ana tsakiyar kaka, mutumin nan ya je ya binne ɗansa ya dawo bakin aiki, wallahi duk uba ya san nauyin wannan.

Kaka ta zagayo, Colts da Patriots aka haɗu,
21 da 3 ana binsu, magoya baya sun kaɗu,
Bai zagi kowa ba, bai bar zukata sun gudu,
Colts suka ci 38 da 34.

Ran 4 ga Fabrairun 2007, Super Bowl a Miami ana ruwa,
Bugun farko Hester na Chicago ya ɗauka ya yi ta rugawa,
Har gidan Colts ya kai ta ba mai tarewa,
Dungy na gefen fili a jiƙe, fuska ba canzawa,
29 da 17 aka doke Chicago a tashiwa,
Koci baƙar fata na farko da ya kai ƙungiya ga kofin ɗagawa.

Na-Gwale:
Allah Ya ba iyaye haƙuri, wannan ban ja ba. Amma fa

Hannun Peyton Manning, kwatabak na Colts, ku ba shi haƙƙinsa,
Shekara bakwai kofi ɗaya, ai da saura a lissafinsa.

Hajiyar Zango:
Bakwai ɗin nan duka ya kai su zagayen ƙarshe, Malam ka duba,
Lovie Smith kocin Chicago da ya kara da shi a Miami yaronsa ne, ba ka sani ba?
Mike Tomlin ma daga Tampa ya fito, ba a wani gida ya koya duka ba,
2009 ya ɗau kofi da Steelers, wannan ma ba ka lissafa ba.